Shekara 11 Muna Aikin Wucin Gadi, Kotu Ta Kori Ƙararmu: Mu Ɗaukaka?

Tambaya: Assalamu alaikum Barista. Mu 46 ne muke aiki a wani babban asibitin gwamnatin jiha, masu shara da masu gadi da masu tura marasa lafiya da 'yan ɗakin kati. Ni shekarata 11 a wurin. Sakataren asibitin ne ya ba mu takardar aikin wucin gadi ta wata shida, ana sabuntawa, daga baya aka daina sabuntawa muka ci gaba da zuwa aiki. Naira 20,000 ake ba mu a wata daga kuɗin shigar asibiti. An taɓa tantance mu, wani kwamishina ya yi alkawari a bainar jama'a cewa za a mayar da mu na dindindin, har yau shiru. Mun je Kotun Ma'aikata, mako biyar da suka wuce alƙali ya kori ƙarar, ya ce ba hukumar da doka ta ba ikon ɗaukar aiki ce ta ɗauke mu ba. Wasu sun ce mana doka ta ce duk wanda ya yi wata uku a aiki ya zama na dindindin. Mu ɗaukaka ƙara ko mu haƙura?

Amsa: Wa alaikumus salam Malam. Allah ya saka muku da alheri a kan hidimar da kuke yi wa marasa lafiya, ya kuma fitar muku da haƙƙinku.

Kafin mu shiga ko kuna da gaskiya ko ba ku da ita, ka ɗauki kalanda ka ƙirga. Dokar Kotun Ɗaukaka Ƙara, a sashe na 24, wata uku ta ba wanda bai gamsu da hukuncin ƙarshe na shari'ar da ba ta laifi ba, kuma daga ranar da aka karanta hukuncin ake fara lissafi, ba daga ranar da takardar ta zo hannunku ba. Mako biyar sun riga sun tafi. Abin da ya rage muku bai cika wata biyu ba. Ko ɗaukakawa za ku yi ko fasawa, gobe da safe wani daga cikinku ya je wurin magatakardar kotun ya biya kuɗin kwafin hukuncin mai hatimi. Na sha ganin mutane sun ƙarar da watanninsu uku suna taron karo-karo a ƙarƙashin bishiya, sai ranar da kuɗin ya haɗu a tarar lokaci ya ƙure. Ana iya roƙon ƙarin lokaci, amma sai kun kawo dalili mai gamsarwa na jinkirin kun kuma nuna ƙorafinku yana da nauyi, kuma "muna jiran kuɗi" ba kasafai yake shiga kunnen alƙalai ba.

Akwai kuma wani shinge da mutane da yawa ba su san da shi ba. Kotun Ma'aikata ta Ƙasa tun 1976 take, amma gyaran Kundin Tsarin Mulki na uku, wanda ya fara aiki a watan Maris na 2011, shi ya ɗaga ta zuwa sahun manyan kotuna ya kuma keɓe mata duk wata rigima ta aiki a ƙarƙashin sashe na 254C. Bayan gyaran an yi shekaru lauyoyi suna jayayya kan ko hukuncinta ma yana ɗaukakuwa, domin sashe na 243 ya buɗe ƙofa kai tsaye ne kawai ga ƙorafin da ya shafi 'yancin ɗan Adam da ke babi na huɗu. Kotun Ƙoli ce ta raba gardamar ranar 30 ga Yuni, 2017, a shari'ar Skye Bank da Iwu: kowane hukunci na Kotun Ma'aikata ana iya kai shi Kotun Ɗaukaka Ƙara, sai dai idan ba batun 'yancin ɗan Adam ba ne, sai an fara neman izinin ita Kotun Ɗaukaka Ƙarar. Naku batun yana cikin masu buƙatar izini. Lauya mai hankali yakan haɗa roƙo uku a takarda guda tun farko, ƙarin lokacin neman izini, da izinin kansa, da ƙarin lokacin shigar da ɗaukakawar, saboda sau da yawa kafin kotu ta saurari roƙon izinin wata ukun sun shige. Wasu lauyoyin sukan yi dabarar liƙa wa ƙorafinsu sunan "ba a ba mu damar kare kai ba" don su tsallake neman izini. Kada ku yarda a yi muku wannan sai in da gaske an hana ku magana. Alƙalai cikin ƙorafin suke karantawa, ba sunan da aka raɗa masa ba, kuma idan suka gano dabara ce, ɗaukakawar gaba ɗaya za ta zube.

Sannan ka sani, a shari'ar aiki Kotun Ɗaukaka Ƙara ita ce tashar ƙarshe. Sashe na 243(4) ya rufe hanyar zuwa Kotun Ƙoli. Harsashi ɗaya gare ku.

Ɗaukaka ƙara kuma ba sake shari'a ba ce daga farko. Ba wanda zai kira ka cikin akwatin shaida ka ba da labarin daren da ka ɗauki gawa zuwa mutuware ba tare da safar hannu ba. Alƙalai uku ne za su zauna da kundin abin da ya gudana a kotun ƙasa da rubutattun hujjojin lauyoyi, su duba abu guda: shin alƙalin farko ya yi kuskure a doka, ko ya yanke hukuncin da ya saɓa wa shaidar da ke gabansa ƙiri-ƙiri? Takardar da ba ku gabatar a can ba, da wuya a karɓe ta a nan. Hujjar da lauyanku bai kawo a can ba, sai da izini na musamman. Don haka amsar tambayarka tana kwance a cikin fayil ɗin da kuka riga kuka gina, kuma shi ya sa nake matsa maka kan kwafin hukuncin.

Maganar wata uku da aka gaya muku, ina jin ta a bakin kusan kowane ma'aikacin wucin gadi da ya shigo ofishina, kuma ina baƙin cikin rushe ta domin a kanta mutane suke rataye fata. Asalinta sashe na 7 ne na Dokar Ƙwadago. Abin da sashen ya ce shi ne, kafin ma'aikaci ya wuce wata uku da fara aiki, wajibi ne mai aikin ya ba shi rubutacciyar takarda mai bayyana sharuɗɗan aikin: sunan mai aiki, irin aikin, albashi, lokutan aiki, hutu, wa'adin sanarwar sallama, da ranar ƙarewa idan aikin mai wa'adi ne. Iyakar abin da ya ce ke nan. Babu inda ya ce ranar da wata uku suka cika mutum ya rikiɗe ya zama ma'aikacin dindindin mai fansho. Idan a kan wannan ginshiƙin kuka gina ƙararku, to ɗaukaka ta asarar kuɗi ce.

To me ya sa alƙali ya kafe kan wanda ya ɗauke ku? Dokarmu ta raba aiki gida biyu. Akwai aikin ubangida da yaronsa, wanda yarjejeniyar da ke tsakaninsu kaɗai ke riƙe da shi. A wannan, ko da an sallami mutum ba bisa ƙa'ida ba, abin da kotu ta saba bayarwa kuɗi ne, domin tsohuwar ƙa'ida ita ce ba a ɗora wa mai aiki ma'aikacin da ba ya so. Akwai kuma aikin da doka ta yi wa rumfa, wanda wata doka ko ƙa'idojin aikin gwamnati suka tsara yadda ake shiga da yadda ake fita. Shari'ar Shitta-Bey da Hukumar Ma'aikatan Tarayya a 1981, da ta Olaniyan da Jami'ar Legas a 1985, su suka kafa cewa mai irin wannan aikin idan aka kore shi ba a bi ƙa'ida ba, kotu mayar da shi kujerarsa take yi. Abin da kuka roƙi kotu shi ne ta ɗauke ku daga gida na farko ta saka ku a na biyu. Ƙofar gida na biyun kuwa Kundin Tsarin Mulki ya damƙa makullinta ga wasu hukumomi: Hukumar Kula da Ma'aikatan Tarayya a sashe na 153, ta jiha a sashe na 197, ko kuma hukumar gudanarwar da dokar jiha ta kafa ta ba ta ikon ɗaukar nata ma'aikatan, irin hukumar kula da asibitoci. Sakataren asibiti, komai girman hatiminsa, ba ya cikinsu sai in an wakilta masa ikon a rubuce.

Nan ne wuri na farko da nake so lauyanku ya tona da kyau. Ƙananan matakan albashi, daga na 01 zuwa na 06, a tsarin tarayya ba hukumar ce da kanta take ɗaukarsu ba, ta miƙa ikon ga ma'aikatu ta hannun kwamitin ƙananan ma'aikata, kuma jihohi da dama a kan wannan tsarin suke. Masu shara da masu gadi a nan suke faɗowa. Idan dokar da ta kafa hukumar asibitocin jiharku, ko wata sakula, wato takardar umarni ta gwamnati, ta ba shugabannin asibiti ikon ɗaukar ƙananan ma'aikata, kuma an nuna wa alƙali wannan ya kau da kai, to kun sami kuskuren doka na gaske da za a iya ɗaukakawa a kansa. Idan babu irin wannan takarda, alƙalin bai kauce hanya ba ko da hukuncin ya yi ɗaci.

Shekarun baya wata dattijuwa mai shara ta zo mini da takardunta a cikin baƙar leda, ta naɗe ledar da tsohon ɗankwali. Ta zazzage a kan tebur: katin shaidar aiki guda huɗu, hoton da ke kan kowanne ya fi na baya tsufa, takardar yabo da wani shugaba ya ba ta, da rosta mai sunanta a layin dare, gefen takardar gara ta ci. Shekara goma sha huɗu. Na juya takardun nan ɗaya bayan ɗaya ina neman abu guda, takardar ɗaukar aiki mai lambar fayil da matakin albashi da sa hannun wanda doka ta ba iko. Babu. Ta dube ni ta ce, "Ɗana, duk wannan bai isa shaida ba?" Na ce mata, "Baba, ya isa shaidar kin yi aiki. Bai isa shaidar an ɗauke ki ba." Ta yi shiru ta fara mayar da katunan cikin ledar a jere, na farko a ƙasa. Ban taɓa mantawa da wannan ba, kuma ban taɓa yarda cewa adalci ne ba. Gwamnatin da ta kafa dokar ita ce take zagaye ta, ta ci gumin mutum shekara da shekaru, sannan ta zo kotu ta kare kanta da cewa ai ba a bi ƙa'ida wajen ɗaukarsa ba, alhali jami'anta ne suka ƙi bin ƙa'idar.

Wani zai kawo muku labarin mutanen da kotu ta ce an tabbatar da su saboda daɗewa. Gaskiya ne, amma nasu daban. Wanda aka ɗauka ta ƙofar gaba aka sa shi a gwajin shekara biyu, wa'adin ya wuce ba a tabbatar da shi ba ba a kuma sallame shi ba, ana ci gaba da biyansa, kotu tana iya ɗaukar shirun a matsayin tabbatarwa. Haka Kotun Ɗaukaka Ƙara ta yi a shari'ar Jami'ar Obafemi Awolowo da Onabanjo a 1991. Shi yana da gurbi tun ranar farko. Ku gurbin ne kuke nema.

Alkawarin kwamishina a gaban taro, a idon doka, bai wuce jawabi ba. Ba ya zama kwantiragi, kuma jami'i ba ya iya ɗaure gwamnati da bakinsa a kan abin da doka ta ba wata hukuma. Tantancewar da aka yi muku ta fi shi daraja nesa ba kusa ba, in dai ta bar sawu a takarda. Wa ya kafa kwamitin? Ya miƙa rahoto? Majalisar zartarwa ta amince da jerin sunaye? Shugaban Ma'aikata ya rubuta wa hukuma ta aiwatar? An ɗauki wasu daga cikin jerin aka tsallake ku? Idan amsar tambayoyin nan biyu na ƙarshe e ce, magana ta sauya, domin kun daina roƙon kotu ta ƙirƙiro muku aiki, kun koma neman ta tilasta aiwatar da shawarar da masu iko suka riga suka yanke, ko ta hana fifita wasu a kan wasu ba dalili. Irin waɗannan takardu na gwamnati kwafi mai hatimin tabbatarwa ake so, ba hoton da wani ya ɗauka da waya ba. Dokar 'Yancin Samun Bayanai ta 2011 ta ba hukuma kwana bakwai ta amsa buƙata, kuma a watan Afrilun 2025 Kotun Ƙoli ta tabbatar cewa dokar ta hau kan jihohi ma. Ko ba su amfane ku a ɗaukakawa ba, za su amfane ku a teburin sulhu.

Bari in kai ka Indiya, domin kotunanta sun sha wannan rigimar sosai, kuma dokarmu da tasu tushensu ɗaya, na Ingila, alƙalanmu kan leƙa hukuncinsu don ƙarin haske ko da bai ɗaure su ba. An yi shekaru a can kotuna suna tausaya wa 'yan aikin yini suna ba da umarnin a mayar da su na dindindin, har abin ya zama hanyar shigar da 'yan uwa da 'yan siyasa aiki ta bayan gida: a ɗauki mutum na wucin gadi ba talla ba jarrabawa, bayan 'yan shekaru kotu ta wanke shi. Ranar 10 ga Afrilu, 2006, alƙalai biyar na Kotun Ƙolin ƙasar suka taka burki a shari'ar Jihar Karnataka da Umadevi. Suka ce sassa na 14 da 16 na kundinsu sun ba kowane ɗan ƙasa dama daidai wajen samun aikin gwamnati, don haka daɗewa a aikin wucin gadi ba ta haifar da haƙƙin zama na dindindin, domin duk wanda aka shigar ta taga ya tare gurbin wani da ke tsaye a layi. Amma suka bar kafa ɗaya. Suka bambanta ɗaukar da ta saɓa wa doka daga tushe da ɗaukar da aka yi wa mutumin da ya cancanta a gurbin da aka amince da shi, sai dai an tsallake wani mataki. Na biyun, idan ya kai shekara goma yana aiki ba da kariyar umarnin kotu ba, aka ce gwamnatoci su daidaita masa zama a karo ɗaya.

Abin da ya biyo baya shi ne gwamnatoci suka mayar da hukuncin garkuwa, duk wanda ya zo sai a ɗaga masa Umadevi. A 2016, a shari'ar Jihar Punjab da Jagjit Singh, kotun ta ce ko ba a mayar da mutum na dindindin ba, idan aikin da yake yi iri ɗaya ne da na ma'aikacin dindindin, to a biya shi aƙalla mafi ƙarancin albashin wannan matakin. Sai kuma Disambar 2024, a shari'ar Jaggo, wadda ta yi kama da taku matuƙa: masu shara da mai kula da lambu a hukumar ruwa ta tarayyarsu, sun yi fiye da shekara goma, suka nemi a tabbatar da su, kotun farko ta ƙi, bayan 'yan watanni aka sallame su. Kotun Ƙoli ta soke sallamar, ta ce a mayar da su a tabbatar da su, ta kuma ce ba a yi hukuncin 2006 don ya zama makamin zaluntar waɗanda suka daɗe suna yin aikin da hukuma ba ta iya rayuwa sai da shi ba. Amma ba ta ba su albashin shekarun da suka zauna a gida ba.

Hujjar Umadevi tana da 'yar uwa a namu kundin. Sashe na 14 ya wajabta raba guraben aiki ta yadda ba wani yanki da zai mamaye, kuma lauyan gwamnati zai tashi ya ce in kotu ta shigar da mutum 46 ta gefe, ina rabon ƙananan hukumomin da ba su da kowa a cikinsu, ina gurbinsu a kasafin kuɗi? Wannan hujja ce mai ƙarfi, kada ku raina ta.

Ku ma kuna da makami, kuma a ganina ba a yi amfani da shi yadda ya kamata ba tukuna. Sashe na 254C ya ba Kotun Ma'aikata ikon hukunta rashin adalci a mu'amalar aiki, da ikon aiki da kyawawan ɗabi'un ƙwadago na duniya da yarjejeniyoyin da Najeriya ta amince da su. Ƙungiyar Ƙwadago ta Duniya, a shawararta mai lamba 198 ta 2006, ta ce a duba haƙiƙanin abin da ke faruwa a wurin aiki sama da sunan da aka rubuta a takarda, kuma Kotun Ma'aikata ta sha ɗaukar wannan ƙa'ida. Aikin da aka yi shekara 11 ana yi kullum, da rosta da shugaba mai ba da umarni da horo in an makara, kiransa na wucin gadi ƙarya ce. Sai dai dokar kotun ta 2006, a sashe na 7(6), ta ɗauki kyawawan ɗabi'un duniya a matsayin abin da ake kafawa da shaida, wato sai an rubuta shi a takardar ƙara an kawo hujjarsa. Idan lauyanku ya yi hakan alƙali ya tsallake bai ce komai a kai ba, wannan ƙorafi ne mai kyau na biyu. Idan bai yi ba, kun makara da shi a wannan shari'ar. Kuma ko an yi nasara da shi, abin da ya fi yiwuwa ya haifar shi ne kotu ta ce ku ma'aikatan asibitin ne na gaske masu haƙƙin hutu da sanarwa da diyya, ba lallai ta ce ku shiga jerin masu fansho ba.

Wannan ya kawo ni kan abin da ya fi tsaya mini a rai a wasiƙarka, Naira 20,000 ɗin nan. Mafi ƙarancin albashi ya zama Naira 30,000 a watan Afrilun 2019, ya zama Naira 70,000 a watan Yulin 2024. Dokar ta ware wasu, kamar masu aikin ɗan lokaci a mako, da masu aikin kamasho, da masu aikin damina, da wuraren da ma'aikatansu ba su kai 25 ba. Ba ta ce sai na dindindin kaɗai ba. Mutumin da yake cika awanninsa na mako a babban asibitin gwamnati yana da hujja mai ƙarfi ta neman cikon abin da aka rage masa wata bayan wata. Ka lissafa da kanka: a ƙarƙashin sabon albashin, gibin Naira 50,000 ne kowane wata a kan mutum ɗaya. Haka Dokar Diyyar Ma'aikata ta 2010 ta ambaci na wucin gadi da sunansu cikin waɗanda ta rufa wa asiri, don haka wanda allura ta soke ko ya kamu da cuta a bakin aiki yana da haƙƙi ko da ba shi da lambar fayil. Shin kun roƙi waɗannan a ƙararku a matsayin madadi, ko duk ƙwanku a kwando ɗaya kuka zuba, na "a mayar da mu na dindindin"? Idan kun roƙa alƙali ya kore su tare da babban roƙon ba tare da ya auna su daban ba, nan ne nake ganin ɗaukakawarku za ta fi samun ƙafar tsayawa. Idan ba ku roƙa ba, lauya ya duba ko hukuncin farko ya bar muku damar shigar da sabuwar ƙara a kansu. A nan ma a duba kalmar da alƙali ya yi amfani da ita, domin a Hausa duka "kora" muke cewa, amma akwai korar da ke nufin an auna ƙarar an ga ba ta da tushe, wadda ba a dawowa da ita, akwai kuma cire ƙara daga jeri saboda wani gyara, wadda ake iya sake shigarwa.

Duk sabuwar ƙarar da za ku shigar, ku yi hanzari. Dokar kare jami'an gwamnati wata uku ta ba wanda zai kai jami'i ƙara, jihohi ma suna da irinta. Kotun Ƙoli ta ce a 2019, a shari'ar Ajibola Johnson, dokar ba ta shafi kwantiragin aiki ba, sannan a 2021, a shari'ar Idachaba da Jami'ar Aikin Gona ta Makurɗi, ta yi aiki da ita a kan ma'aikata. Tunda bakin manya bai zo ɗaya ba, mai hankali ya ɗauka wa'adin yana kansa. Ragin albashi da ke maimaituwa kowane wata ana iya kare shi da cewa cutarwa ce mai ci gaba, amma ranar da aka sallame ku wannan kariyar ta fara narkewa.

Kuma sallamar tana iya zuwa. Ka ga abin da ya sami mutanen Jaggo. Hukuncin da ya kori ƙara ba shi da abin da za a dakatar, kuma shigar da ɗaukakawa shi kaɗai ba ya ɗaure hannun kowa. Idan kun ji ƙishin-ƙishin, lauya ya nemi umarnin hana taɓa ku har a gama, ko da yake samunsa ga ma'aikacin wucin gadi ba abu ne mai sauƙi ba. Kada kowa ya daina zuwa aiki don fushi, kada kowa ya sa hannu a sabuwar takarda, musamman wadda za ta mayar da ku ƙarƙashin wani kamfanin shara ko na gadi, sai lauya ya karanta. Tun gyaran aikin gwamnati na zamanin Obasanjo aka fara miƙa irin ayyukanku ga 'yan kwangila, kuma sa hannu ɗaya yana iya yanke shekara 11 ɗinka daga gwamnati. Ku kuma shirya wa tsawon tafiya: haɗa kundin shari'a, musayar hujjoji, jiran rana, abu ne na shekaru ba watanni ba. Ko an ci nasarar kuɗi, cire shi daga asusun gwamnati wani yaƙin ne, domin sashe na 84 na dokar aiwatar da hukunci yana neman amincewar Antoni Janar kafin a taɓa kuɗin da ke hannun jami'in gwamnati.

Shi ya sa ba na so ku sa ido a kan kotu kaɗai. Ka dubi inda aka dace a ƙasar nan. Matasan N-Power, shirin gwamnatin tarayya na ba matasa aikin wucin gadi, da aka fara ɗauka a 2016, dubu 500 a rukuni biyu na farko, ana ba su Naira 30,000, sun yi zanga-zangar neman a mayar da su na dindindin lokacin da aka sallame su a 2020, ba su samu ba, domin tun farko an rubuta shirin mai wa'adi ne. A Jigawa kuwa, dubban malaman J-Teach, shirin jihar na ɗaukar malaman makaranta na wucin gadi, sun sami takardar aikin dindindin a zamanin Gwamna Umar Namadi, ba da umarnin alƙali ba, da shawarar gwamnati bayan tantancewa. Alƙalami ɗaya na gwamna yana yin abin da alƙalai uku suke jin nauyin yi. Ku shiga ƙungiyar ma'aikatan lafiya, sashe na 40 na kundi ya ba ku wannan 'yancin ko kuna na wucin gadi. Ku rubuta wa Shugaban Ma'aikata da kwamitin karɓar koke na majalisar dokokin jiha, da jerin sunayenku da shekarun kowa da aikin kowa. Ku nemi abu mai yiwuwa: a ware muku kaso a ɗaukar aiki na gaba, a ɗage muku sharaɗin shekaru, a ƙirga shekarun da kuka yi. Ɗaukakawar da ke rataye a kotu tana ƙara wa irin wannan takarda nauyi, kuma duk abin da aka daidaita a kai ana iya kai shi gaban alƙalai ya zama hukuncin sulhu mai ɗaure kowa.

Shawarata ke nan, Malam: ku shigar da roƙon izinin cikin makon nan don kada ƙofar ta rufe, kuɗinsa bai kai na cikakkiyar ɗaukakawa ba. Kafin a saurare shi, ku kai wa wani lauya daban, wanda ba shi ya yi shari'ar farko ba, abubuwa uku ya karanta: shafin da aka jera roƙe-roƙenku, cikakken hukuncin, da dokar da ta kafa hukumar asibitocin jiharku. Idan ba ku da halin biya, ku gwada ofishin Hukumar Ba da Agajin Shari'a da ke babban birnin jiharku ko reshen ƙungiyar lauyoyi. Idan ya sami ikon da aka wakilta wa shugabannin asibiti, ko roƙon cikon albashi da alƙali ya tsallake, ku ci gaba da ƙarfinku. Idan bai sami ko ɗaya ba, ku janye, ku karkatar da kuɗin karo-karon zuwa neman cikon albashin da bin ofisoshin da na ambata. Kowannenku kuma, daga yau, ya riƙa ɗaukar hoton rostar mako da saƙon banki na kowane wata yana ajiyewa a wurin da ba asibitin ba.